Dariyar da Ban Janye Ba

Ummi da Safiya, kun tashi kuna jin labarin rabuwata da mahaifinku a bakin mutane, kuma na san iri biyu kuka ji. Wasu sun ce wani Bature ne ya shiga tsakaninmu. Wasu sun ce na yi wa mijina dariya a bainar jama'a, aka ce in ba shi haƙuri na ƙi. Na farkon ƙarya ne. Na biyun gaskiya ne, amma an gutsure shi. Kun dai san halina. Ni ce nake komawa gida daga tashar bas don in sake duba ko na kashe gas, in duba, in fito, in kuma koma. Ni ce nake sake alwala sau uku saboda kokwanto. Idan na taka ƙafar mutum a jirgin ƙarƙashin ƙasa da ake kira tube, sai na bi shi da ban haƙuri har ya gaji ya canja wurin zama. To ku tambayi kanku yadda aka yi irin wannan mace ta zauna a gaban dattawa ta ƙi furta kalma uku kacal.

Lokacin muna hawa na bakwai a wani benen gidajen hukuma, na council, a unguwar Plumstead ta London. Mahaifinku direba ne a wani ofishi kusa da Charing Cross, shi ya fara zuwa, ni na biyo shi da ke Ummi a goye, da ilimin firamare aji shida da Turancin da bai wuce na gaisuwa ba. Ke Safiya a nan aka haife ki. Da kika shiga makaranta sai gidan ya yi mini faɗi, tunani ya yi mini yawa. Mma Adiza, wata 'yar zangon Kumasi da ke hawa na uku, ita ta samo mini aikin shara. Hausarta ba ta raba namiji da mace, kowa "ka" ne a wurinta.

"Hajara, ka zauna a ɗaki kana ƙirga bango, za ka haukace. Tashi ka bi ni."

Wurin aikin wani ɗaki ne a ƙarƙashin ƙasa, a ƙasan kantin littattafai, tafiyar minti goma daga ofishin mahaifinku. Wata ƙungiyar tsofaffi ce take tara finafinan da aka yi tun kafin fim ya fara magana. Kujeru kamar sittin, farin allo, fiyano a gefe, da wani ɗan ɗaki a baya inda injin majigi yake. Duk Asabar da rana sai su taru su kalla. Ni aikina share-share, da dafa musu shayi a ranar. Da mahaifinku ya tambaye ni wane irin wuri ne, sai na ce masa ɗakin ajiye kayan tarihi ne. Ban yi ƙarya ba, amma ban faɗi duka ba, domin na san da ya ji kalmar sinima magana ta ƙare. A Kano da muka baro, matar aure ba ta bin ko titin da sinima take. Wannan ɓoyewar laifina ce. Na amsa ta tun a lokacin, na amsa ta yanzu, kuma ta hana ni sukuni watanni.

Mutum biyu ne suke riƙe da wurin. Akwai Misis Doris, mai kaɗa fiyano, tsohuwa siririya mai tabarau masu kaurin gindin kwalba. Tun da finafinan ba su da sauti, ita take ba su murya: in ana gudu ta yi sauri, in an faɗi ta doka da ƙarfi. Sai Mista Albat mai kula da injin, ya haura saba'in, ɗan gajere, yana dogara sanda, kunnensa ɗaya ya mutu. Mutumin arewacin Ingila ne, kuma kowa a wurinsa "love" ne, wato masoyi. Ni love, Doris love, kyanwar kantin littattafai love.

Da fari ba na kallo. Ina bayan labule wurin tukunyar shayi, ina ta lissafin ko zunubi ne in ɗaga ido. Amma dariyar tsofaffin nan ta dame ni, wata rana na leƙa. Finafinan Faransawa ne, gajeru, baƙi da fari, mutanen ciki suna tafiya da sauri-sauri kamar an kunna musu wuta. Kuma kusan rabinsu labari ɗaya ne. Wani mai gashin baki zai dawo gida, ya ga malafar namiji a kan tebur. Sai ya zare ido, ya dafe ƙirji, ya shiga bincike. Ya buɗe kabad, kwanuka su zubo masa a ka. Ya leƙa ƙarƙashin gado, gadon ya rufto masa. Ya kama mai gyaran famfo da duka, ruwa ya fashe. Ya bi wani ta taga, ya faɗa buhun fulawa, ya fito fari fat, 'yan sanda su biyo shi, duk unguwa ta biyo 'yan sanda. A ƙarshe sai a gane malafar tasa ce, shi ya manta ta da safe. Wani fim ɗin sanda ce, wani wasiƙa ce, wani inuwa ce a jikin labule. Tsofaffi suna ta ƙyaƙyatawa har da share hawaye.

Ni ban yi dariya ba. Ni matar nake kallo. Kullum tana gefen allo a tsaye, tana murza hannuwa, bakinta yana motsi ba a jin me take cewa. Na san abin da take cewa, domin ni ma na faɗe shi.

Ba na son in ɓata muku mahaifinku. Bai taɓa ɗaga mini hannu ba, bai bar mu da yunwa ba, sallah ba ta wuce shi. Amma tun da muka zo ƙasar nan wani abu ya shige shi. Ya san mintocin jirgin ƙasa daga Charing Cross zuwa Plumstead, in na ƙara goma sai na yi bayaninsu. In ya dawo ya ga kofi biyu a wurin wanke-wanke sai ya ɗaga su yana dubawa. Ya taɓa shinshina mayafina ya ce warin taba yake, alhali a saman bas na zauna inda ake sha. Ya taɓa dawowa da rana tsaka wai ya manta takarda, ya buɗe kabad ɗin kayanmu, ya tura riguna gefe guda, ya rufe, ya fita ba tare da takardar ba. Ni kuwa da halina, sai in zauna ina binciken kaina. Ko na yi wa mai kanti murmushin da ya wuce kima? Ko na daɗe ina kallon mai kawo wasiƙa? Har na kai ina neman gafarar Allah a kan abin da ban san ko na yi ba.

Wata Asabar bayan an watse, Doris tana shan shayinta ta dube ni ta cikin tabarau. Zan faɗa muku da Hausa abin da muka yi da gurgun Turancina.

"Kowa yana dariya ban da ke. Ba kya son su ne?"

"Matar nake tausayi. Yanzu duk unguwa ta ji an zarge ta. Ina za ta sa kanta?"

"Matar? Ai ba wanda yake kallon matar. Shi ake yi wa dariya. Shi ne wawan."

"Ko da mijinta ne?"

"Saboda mijinta ne mana. Mahaifiyata ta kalli irin waɗannan tana budurwa. Ta ce in an fito, mata su yi ta zungurar mazajensu da gwiwar hannu."

Na tafi da maganar nan gida, ta zauna mini a ƙirji. A wurinmu in miji ya yi zargi, matar ce take sunkuyar da kai, ita ake nunawa da baki a gidan suna. Ga wasu mutane, shekara tamanin da suka wuce, sun ɗauki wannan abu da yake hana ni cin abinci, sun ɗora shi a allo, sun ce ku zo ku ga wawa. Ban ce sun fi mu ba. Na dai ce ban taɓa sanin ana iya kallon abin ta wannan gefen ba. Kuma na ji tsoron sanin da na yi.

Abin da ya fasa ƙwan kiran waya ne. Wata Alhamis da yamma Mista Albat ya bugo gida don ya ce in zo da wuri ranar Asabar, za a yi baƙi da yawa. Saboda kunnensa, in yana waya ihu yake yi. Mahaifinku yana zaune yana cin tuwo, yana jin komai. Da Mista Albat zai ajiye sai ya ce, "See you Saturday, love."

Na ajiye wayar, mahaifinku ya ɗago kai.

"Wace ce love?"

"Maigida, haka suke cewa. Kai ma matar kantin kifi haka take ce maka."

"Wannan mace ce. Shi wannan ƙaton fa?"

"Ba ƙato ba ne, tsoho ne tukuf."

"Na yi Turanci kafin ki san a da ba. Na san ma'anar love. Kin ce kayan tarihi kike sharewa. Kayan tarihin ne suke kiran matar mutum a waya?"

A nan na faɗa masa gaskiyar wurin, na durƙusa na ba shi haƙuri a kan ɓoyewar. Na ce ya zo ya gani da idonsa. Ya wanke hannu ya bar tuwon. Da Asabar ta zo ya sa babbar rigarsa shuɗiya mai aiki, ya ce zai je wani suna, ya ɗauki lema ya fita. Na tsaya a bakin ƙofa na kusan rabin awa ina shawara da kaina, in je ko kada in je. Na ce bai hana ni ba, kuma na yi wa mutane alkawari. Na kai ku wurin Mma Adiza na tafi.

Ranar kujerun sun cika. An kashe fitilu, Doris ta fara kiɗa, aka sa ɗaya daga cikin irin finafinan nan. Ina bayan labule ina jera kofuna. Abin da ban sani ba, mahaifinku daga wurin sunan ya ɗauko Alhaji Mamman, dattijon da duk Hausawan London na lokacin suke kai wa ƙara, ya ce ya zo ya zama shaida. Suka sauko matakala. Ƙofa biyu ce a ƙasa, ɗaya ta 'yan kallo, ɗaya ta gefen allo inda nake ajiye kayan shara. Alhaji ya bi ta farko ya tsaya a baya. Mahaifinku, da yake so ya kama mu ba shiri, ya bi ta biyu.

Sai kawai muka ga mutum ya fito a gaban allo. Hasken majigi ya doke shi a ido, ya ɗaga lema yana karewa, inuwarsa ta cika bango, riga ta buɗe kamar zai tashi sama. A jikin rigarsa mai gashin bakin nan na fim yana ta gudu. Ya juya dama bai ga kowa ba, ya juya hagu ya ga ƙofar kabad. Ya finciko ta da ƙarfi yana cewa, "Fito! Fito, munafuki!" Tsintsiya da mofa da sandunan goge silin suka zubo masa a kafaɗa. Ya ja da baya, ƙafarsa ta shige bokitina. Ya yi taku uku da bokitin, kwaram, kwaram, kwaram. Doris kuwa, da idonta ba ya raba mutum da hoto daga inda take, ta ga abu yana gudu a allo, sai ta ƙara sauri. Da ya zame ya zauna daɓas, ta doka fiyano da hannu biyu. Tsofaffi suka ɗauka shiri ne aka yi musu na musamman. Suka fashe da dariya, suka hau tafi. Wani ma ya miƙe tsaye yana tafawa.

Ni a lokacin jikina ya mutu. Wallahi ba dariya a raina, kuka ne yake taso mini. Sai aka kunna fitila. Mista Albat ya fito daga ɗakin injin, yana dogara sandarsa, ƙwas, ƙwas, har gaban allo. Kansa bai kai kafaɗar mahaifinku ba ko da yake shi a zaune yake kan dandamali. Ya karkato da kunnensa mai ji, ya dube shi da tausayi, ya ce:

"Are you all right, love?"

Har yau ban sani ba ko babbar rigar ce ta ruɗe shi, ko kuwa a garinsu har maza haka suke ce wa juna, kamar yadda Doris ta gaya mini daga baya. Abin da na sani shi ne wani abu ya tsinke a cikina. Dariya ta fito mini da ban san ina da irinta ba. Na toshe baki da mayafi ta ƙi tsayawa. Na durƙushe a bayan tukunyar shayi ina riƙe ciki, hawaye yana zuba. Shekara takwas na tsoro, na ƙirga mintoci, na binciken zuciyata, ga shi duka a zaune a ƙasa da ƙafa ɗaya a bokiti. Da na ɗago, idon mahaifinku yana kaina. Can a baya kuma na hango Alhaji Mamman ya cusa fuska a hannun rigarsa, kafaɗunsa suna rawa.

Da na koma gida na tarar an sa sarƙa a ƙofa ta ciki. Ta 'yar kafar ya yi mini magana.

"Ba za ki sake kwana a gidan nan ba sai kin nemi gafarata a gaban mutane."

A Kano da sai in ce na tafi gidanmu. A London gidanmu yana bayan teku, don haka na sauka hawa huɗu na buga ƙofar Mma Adiza. Ta saurari labarin tana soya kifi. Da na kai wurin bokiti sai da ta kashe wuta ta zauna.

"Yo kai ka yi yaji a lifta! Gobe in zai zo biko sai ya danna uku."

"Mma, ba abin wasa ba ne. Na yi wa mijina dariya. Ina tsoron haɗuwata da Allah."

"Kai ka sa ƙafan shi a bokiti?"

"A'a."

"Kai ka kira shi love?"

"Mma!"

"To ci kifi."

Kwana shida na yi a wurinta. Da safe in hau in shirya ku makaranta bayan ya fita, da yamma in sauko kafin ya dawo. Kuma ku sani, a kwanakin nan na yi niyyar ba shi haƙuri. Na tsara kalmomin, na maimaita su ina wanke-wanke. Ni da nake ba wa ƙofar bas haƙuri in na buge ta, me zai hana ni ba wa uban 'ya'yana?

Ranar Juma'a bayan an sauko daga masallacin Regent's Park aka taru a falon Alhaji Mamman. Shi, da wasu dattawa biyu, da mahaifinku a kujera yana kallon bango, da matar Alhaji, Hajiya Balaraba, a bakin ƙofar kicin. Ni da Mma Adiza muna kan kafet. Aka yi addu'a. Alhaji ya yi doguwar nasiha a kan haƙuri da zaman baƙunta a ƙasar mutane. Sannan ya juyo gare ni.

"Hajara, 'yata, abin ba shi da yawa. Mijinki ya yarda ba a same ki da komai ba. Abin da yake so ki faɗa a gabanmu guda biyu ne. Ki ce kin yi nadamar dariyar da kika yi. Ki kuma ce ke kika ja, wato halinki ne ya ba shi dalilin zargi. Shi ke nan, kowa ya tashi."

Na ji kamar an zuba mini ruwan sanyi. Ban zo da shirin wannan na biyun ba.

"Baba, na ɓoye masa cewa ana nuna fim a wurin. Wannan laifina ne, na ba shi haƙuri, ina kuma ƙara ba shi yanzu. Maigida, ka yafe mini."

"Madalla. To sauran."

"Baba, wane hali nawa ne ya ba shi dalili? A faɗa mini shi in tuba."

Ɗaya dattijon ya gyara zama ya ce, "Ke, ba kotu muke ba. Magana ce ta fatar baki, don a wanke wa namiji fuska. Ki faɗa kawai."

"In na faɗa, ƙarya na yi ko gaskiya?"

Hajiya Balaraba ta yi mini alama da ido, irin ta mu mata, wadda take nufin faɗi ki huta. Na fahimce ta, kuma ban ga laifinta ba. Amma ni matsalata ke nan tun ina yarinya: ba na iya furta abu in bar shi a nan. Da na faɗa, sai na tafi da shi gida, na kwanta da shi, na tashi da shi, har in yarda da shi. Kuma na san falon nan. Abin da aka faɗa a cikinsa ranar Juma'a, kafin Lahadi ya kai unguwar Peckham, kafin wata ya kai Kano. Ba za a ce Hajara ta wanke wa mijinta fuska ba. Za a ce Hajara da bakinta ta amsa. Ina da 'ya'ya mata biyu da wata rana za a zo neman aurensu a tambayi wace ce uwarsu.

Na ce:

"Ban ja ba. Shekara takwas ina bincikar kaina, na fi shi bincikar kaina, ban sami komai ba. In ana so in dafa Alƙur'ani a kan haka, a kawo, da alwalata."

"To dariyar fa?" in ji mahaifinku. Shi ne karo na farko da ya yi magana. "Ita ma ba ki yi ba?"

"Na yi."

"Kin yi nadama?"

Na so in ce e. Allah ya sani na so. Na duba cikin zuciyata kamar yadda nake duba gas, na sake dubawa, na kuma dubawa. Na sami tausayinsa, na sami kunya, na sami tsoro. Ban sami nadama ba.

"Na ji zafin kunyar da ka sha. Amma abin da ka yi abin dariya ne, Maigida. Ba ni kaɗai na gani ba. Baba Alhaji ma ya yi."

Alhaji Mamman ya sunkuyar da kai yana jan carbi. Dattijon kirki ne, bai ƙaryata ni ba. Bai kuma goyi bayana ba. Mma Adiza ta ce a hankali, amma kowa ya ji, "Yarinyan nan ya fi ku duka tsoron Allah." Mahaifinku ya miƙe, ya nemi takarda da biro a wurin Hajiya, ya rubuta a tsaye a jikin bango. Saki ɗaya. Ya ajiye a kan tebur, ko miƙo mini bai yi ba.

Abin da ya biyo baya kun san wani, ba ku san wani ba. An daina kirana suna da biki. Ranar idi a Regent's Park matan da muka yi shekaru muna cin abinci tare sai su gaisa da ni da yatsu biyu su juya. Ya bar mana gidan ya koma wurin abokinsa. Na ci gaba da aikina, na ƙara da wasu ofisoshi biyu. Duk wannan mai sauƙi ne.

Da aka yi hutun makaranta na bazara ya zo ya ce zai kai ki gida, ke Ummi, ki ga kakarki da ba ta da lafiya, mako huɗu ku dawo. Shekararki tara. Na yi ta juya abin a raina. Na ce in na hana, na raba jika da kakarta, kuma zai zama ni ma na fara zargi ba dalili, abin da na ƙi a gare shi. Ni na haɗa miki jaka da hannuna. Na duba ta sau uku, na sa miki rigar sanyi saboda jirgi, na rubuta lambar wayarmu a cikin takalminki. Mako huɗu suka wuce. Sai wasiƙa ta zo, layi biyar, cewa ya bar aiki, ya zauna a gida, kuma 'yarsa za ta tashi a inda ake sanin girman miji. Doris ta raka ni wurin lauya. Ya yi mana bayani mai tsawo, abin da na fahimta a ciki shi ne yarinya tana wata ƙasa, hannunsu ba ya kaiwa da sauƙi. Na rubuta miki wasiƙu ban san adadinsu ba. Daga baya kika gaya mini uku kika gani.

Shekara bakwai, Ummi. Ba ranar da ban zauna na sake shiga falon nan a cikin kaina ba. Kalma uku ce: ni na ja. Da na faɗe su da kin yi jarrabawarki a nan, da ni na fara yi miki kitson sallah na 'yanmata, da ke da Safiya ba ku zama baƙin juna ba. Kada ki ɗauka ban auna ba. Ba abin da na auna a rayuwata kamar wannan. Kuma ba zan ce miki bai yi tsada ba, ke kika biya fiye da ni, ba a kuma tambaye ki ba. A kan wannan ina neman gafararki, yau da gobe.

Kin dawo kina da shekara goma sha shida, bayan kakarki ta rasu kuma ƙanwar mahaifinku ta sa baki. Na je filin jirgi tun awa uku kafin saukarku. Kika fito kin fi ni tsawo, da lulluɓi har ƙasa, da Hausar da ta fi tawa. Kika durƙusa kika gaishe ni kamar baƙuwa. A cikin tube kina ta kallon baƙin gilashi. Sai da muka canja jirgi muka zauna, mu biyu kawai a layin kujerun, kika ce, ba tare da kin dube ni ba:

"Umma, a gida an ce ke kika ja."

Na ce, "Dube ni."

Kika ɗago.

"Ban ja ba. An tara dattawa an ce in ce na ja, na ƙi. Ki tambayi duk wanda yake wurin."

Kika daɗe kina kallona, kina neman wani abu a fuskata. Ban kawar da ido ba, ni da ba na iya haɗa ido da mai karɓar tikiti. Muna isa Plumstead kika miƙe, kika ɗauki babbar jakar, kika miƙo mini ƙaramar, kika ce:

"Wane hawa ne ma namu?"